Ƙauyen Nicodemus na Jihar Kansas: Tambayoyi da Amsoshi kan Ƙasarsa, Tarihinsa da Mutanensa

Ɗalibai, masu binciken tarihin baƙaƙen fata na Amurka, da masu sha'awar noman busassun wurare sukan maimaita tambayoyi iri ɗaya game da wannan ƙauye. An tattara su a nan, daga masu sauƙi zuwa masu zurfi. Inda wata amsa ta dogara da wata, an nuna lambarta.

1. Ina Nicodemus yake, kuma mutum nawa ne a cikinsa?

Yana arewa maso yammacin jihar Kansas, a tsakiyar Amurka, cikin gundumar Graham. Babbar hanya mai lamba 24 ce ta bi ta gefensa. Hedikwatar gundumar, Hill City, tana kamar kilomita 21 yamma da shi, garin Stockton kuma kamar kilomita 30 gabas. Reshen kudu na kogin Solomon yana wucewa ta kudancin ƙauyen.

Ƙidayar 2020 ta sami mutum 14 a cikinsa. Gundumar Graham baki ɗaya mutum 2,415 ne a wannan ƙidayar, alhali a 1910 ta haura 8,000. Ke nan raguwar jama'a ba matsalar Nicodemus kaɗai ba ce, ta dukan yankin ce.

2. To me ya sa ake maganar ƙauyen da bai kai mutum ashirin ba?

Bayan yaƙin basasar Amurka, wanda ya ƙare a 1865, 'yantattun bayi da 'ya'yansu sun kafa garuruwan kansu da dama a yammacin ƙasar. Yawancinsu sun zama kufai. Nicodemus, wanda aka kafa a 1877, shi ne mafi daɗewa cikin waɗanda suka rage yamma da kogin Mississippi, har yau da mutane a ciki, kuma wasu gonakin suna hannun jikokin waɗanda suka fara sare su. Darajarsa ke nan. Gine-ginen ba su da yawa, amma zuriyar ba ta yanke ba, kuma ba ta saki ƙasar gaba ɗaya ba.

3. Yaya ƙasar wurin take? Akwai ruwa da itatuwa?

Fili ne fetal mai 'yan tuddai marasa tsayi, kimanin mita 600 sama da teku. Ciyawar asalin wurin gajeruwa ce mai saiwa a cunkushe, irin wadda garken ɓaunar Amurka suka rayu a kanta. Itace sai a bakin rafi. Kafin zuwan manoma, ƙabilun 'yan asalin ƙasar irin su Pawnee da Cheyenne ne ke farauta a wannan yanki, kuma gwamnati ta raba filin ne bayan ta kawar da su daga kansa. Duk mai ba da tarihin ƙauyen ya kamata ya faɗi wannan.

Ruwan sama na shekara yana tsakanin milimita 500 da 600, kusan abin da birnin Yamai ke samu, kuma mafi yawansa yana sauka daga Afrilu zuwa Satumba. Abin da ke wahalar da manomi shi ne rashin tabbas: shekara guda a yi ruwa sosai, a biyo da shekaru uku na fari. Da bazara zafi kan haura digiri 38, da hunturu sanyi kan sauka ƙasa da sifili da digiri 15 ko fiye. Iska ba ta hutawa. Daga Afrilu zuwa Yuni akwai haɗarin guguwa mai juyi da ruwan ƙanƙara, wanda kan iya kwantar da gonar alkama cikin minti goma.

Ƙarƙashin ƙasar akwai dutsen farar ƙasa mai laushi. Lokacin da aka haƙo shi ana iya yanka shi da zarto, sai ya yi tauri bayan ya sha iska. Shi ya maye gurbin katako a gine-ginen ƙauyen (duba tambaya ta 13).

4. Su wa suka kafa shi?

Mutum bakwai ne suka kafa kamfanin garin a watan Afrilun 1877: baƙaƙen fata shida da farar fata ɗaya. Shugaban shi ne Rabaran W. H. Smith. Farar fatan, W. R. Hill, dillalin filaye ne, kuma shi ya kafa Hill City. Sakataren kamfanin, Rabaran Simon P. Roundtree, shi ya fara tarewa a wurin a watan Yuni. A ƙarshen Yuli Zachariah T. Fletcher da matarsa Jenny suka iso. Zachariah ya zama shugaban gidan waya na farko kuma ya buɗe masauki, Jenny kuma ta fara koyar da yara a cikin gidan raminsu.

Akwai kuskure biyu da ake yawan yi. Na farko, danganta ƙauyen ga Benjamin Singleton, wanda ake wa laƙabi da Pap. Ya jagoranci baƙaƙen fata zuwa wasu wurare a Kansas, amma ba shi ya kafa Nicodemus ba. Na biyu, haɗa mutanen Nicodemus da babbar hijirar 1879, lokacin da dubban talakawa daga Mississippi da Louisiana suka kwararo Kansas. Nicodemus ya riga wannan hijira da shekara biyu, kuma mutanensa sun zo ne a tsare, ƙungiya-ƙungiya, yawancinsu daga Kentucky.

5. Daga ina sunan ya fito?

Bayani biyu ne. Wasu na cewa daga Nikodimu na Littafi Mai Tsarki ne. Wasu kuma na cewa daga wani bawa ɗan Afirka na labarin baka ne, wanda aka ce ya fanshi kansa, kuma wata waƙa ta lokacin yaƙin basasa ta yaɗa sunansa. Masu tallar garin sun yi amfani da baitocin wannan waƙa a takardunsu, shi ya sa bayani na biyu ya fi karɓuwa.

6. Me ya raba su da Kentucky?

Ƙasa. An soke bauta a 1865, amma 'yanci bai zo da gona ba. Yawancin 'yantattun sun koma noman haya a gonakin tsoffin iyayen gijinsu: mai gona ya ba da fili da iri da bashin abinci, a kaka ya kwashe rabonsa ya cire bashi, manomi ya wayi gari da sabon bashi. A 1877 gwamnatin tarayya ta daina kare haƙƙin baƙaƙen fata a kudu da ƙarfin soja, tsoro ya ƙaru. Kansas kuwa ta shiga tarayya a 1861 a matsayin jihar da babu bauta, kuma tana da filin gwamnati da ake rabawa.

Masu tallar garin sun bi coci-coci a yankin Lexington da Georgetown. Wata takardar talla da ta shahara ta sanar da cewa duk baƙar fatan da ke son zuwa Kansas ranar 5 ga Satumba, 1877 zai iya yin haka da dala 5. Kimanin mutum 300 suka taso a wannan ayari. Wani ayarin na kusan mutum 150 ya biyo baya a farkon 1878. Jirgin ƙasa yana sauke su a garin Ellis, daga nan sauran tafiyar kilomita 56, a ƙafa ko a keken doki.

Abin da aka kwatanta musu da abin da suka tarar sun sha bamban. Willianna Hickman, matar Rabaran Daniel Hickman, ta zo da ayarin 1878. Bayan shekaru masu yawa ta ba da labarin cewa da maza suka yi shewa an iso, ta duba ba ta ga gari ba. Mijinta ya nuna mata hayaƙi yana fitowa daga ƙasa nan da can, ya ce wannan shi ne Nicodemus, sai ta fashe da kuka. Iyalai da dama daga ayarin farko sun juya nan take.

7. Ta yaya mutum yake samun gona a lokacin? Kyauta ce da gaske?

Dokar rabon filaye da Shugaba Abraham Lincoln ya sa wa hannu ranar 20 ga Mayu, 1862 ce ta tsara hanyar. Baƙaƙen fata sun sami cikakken damar shiga bayan an tabbatar musu da zama 'yan ƙasa a 1866 da 1868. An riga an auna filin an yanka shi murabba'i-murabba'i: babban yanki mai mil 6 a kowane gefe, a cikinsa ƙananan yankuna 36, kowanne eka 640. Rubu'in ɗaya daga ciki, wato eka 160 ko kimanin hekta 65, shi ne rabon mutum ɗaya. Tsawonsa rabin mil, faɗinsa rabin mil. A Kansas yanki na 16 da na 36 an keɓe su don samar wa makarantu kuɗi.

Matakan su ne: mai nema ya kasance ya kai shekara 21 ko kuma magidanci ne, mace ko namiji. Ya je ofishin filaye, wanda ga mutanen Nicodemus yana garin Kirwin, ya rubuta lambar filin ya biya kuɗin rajista. Ya gina wurin zama, ya tare, ya nome wani sashe, ya zauna shekara 5. Daga nan ya kawo shaidu biyu su rantse cewa ya cika sharuɗɗan, ya biya ragowar kuɗin, a ba shi takardar mallaka. Jimillar kuɗin ofis dala 18 ce. Mai gaggawa yana iya saye bayan wata 6 a kan dala 1.25 kowace eka. Wata doka ta 1873 ta ba da ƙarin eka 160 ga wanda zai dasa itatuwa, da farko a eka 40, daga 1878 aka rage zuwa eka 10.

Inda ake faɗuwa shi ne a sharaɗin zama. Wanda ya bar filinsa fiye da wata 6 yana iya rasa shi, wani ya kai ƙara ya karɓe. Talaka kuwa dole ya fita neman aikin ƙodago a layin dogo ko a gonakin gabas kafin gonarsa ta fara ciyar da shi. Saboda haka magidanta kan tafi su bar mata da yara a gida don kada a ce an yi watsi da filin. Fili kyauta ne, amma garma, dabbobin noma, iri, rijiya da abincin shekarar farko duk da kuɗi ake samunsu, kuma a nan ne mai ɗan jari ya sha gaban wanda ya zo hannu rabbana.

8. Mene ne gidan rami, kuma yaya ake gina shi?

Tunda babu katako kuma babu kuɗin sayo shi, sai a nemi gefen tudu ko gaɓar rafi a haƙa ɗaki a ciki, kamar mita 4 zuwa 5 a kowane gefe. Bango uku ƙasar tudun ce. Bangon gaba ana gina shi da tubalin ciyawa, wato ɓamɓaren ƙasar sama da saiwar ciyawa ta riƙe. A bar ƙofa da ƙaramar taga. Rufi kuma a gicciya gungumen itace ɗaya mai ƙarfi, a jera sanduna, a shimfiɗa rassa da ciyawa, a rufe da ƙasa, a fitar da bututun murhu ta sama. Hayaƙin da Willianna Hickman ta gani ke nan (tambaya ta 6).

Wanda ya sami garma sai ya hau mataki na gaba, ya gina gidan tubalin ciyawa a sarari. Ana yanka tubalin da faɗin kamar santimita 30, kauri santimita 10, tsawo santimita 60 zuwa 90. A jera shi fuskar ciyawa tana kallon ƙasa, layi biyu ko uku a kauri, ana sarƙa gaɓoɓin, kuma bayan 'yan layuka a gicciya ɗaya don ya ɗaure bangon. Gida ɗaya kan cinye kusan eka guda ta ciyawa. A yanka tubalin lokacin da ƙasa ke da danshi, a gina shi a ranar, domin in ya bushe marmashewa yake.

Irin wannan ɗaki yana da ɗumi da hunturu, da sanyi da bazara, kuma gobarar daji ba ta cin sa. Matsalarsa rufi: yana ɗiga kwanaki bayan ruwa ya ɗauke, in ya jiƙe sosai nauyinsa kan karya gungumen. Ga macizai, ɓeraye da ƙuma. Wanda ya haƙa ramin kusa da rafi da yawa kuma ambaliya ta same shi.

9. Yaya suka ci hunturun farko?

Ayarin Satumba ya iso bayan lokacin shuka ya wuce, don haka babu girbi sai shekara mai zuwa. Dabbobin noma 'yan kaɗan ne a dukan ƙauyen. Makamashi sai busasshen kashin dabbobi da karan furen rana. An aika wakilai gabashin Kansas da wasu jihohi neman taimakon abinci da tufafi. Tarihin baka na iyalan ƙauyen ya riƙe cewa wasu mafarauta 'yan ƙabilar Osage, suna dawowa daga farauta, sun raba musu nama. Wasu kuma sun tsinci ƙasusuwan ɓauna da ke warwatse a fili suna kai wa tashar jirgi, inda ake saye don yin taki. Da damina ta zo, waɗanda ba su da garma suka fasa ƙasar da shebur da fartanya, aikin da duk wanda ya san taurin saiwar wannan ciyawa zai jinjina wa.

10. Ƙauyen ya taɓa bunƙasa kuwa?

Ƙwarai. Tsakiyar shekarun 1880 an sami damina mai kyau, jama'ar garin da gonakin kewaye suka kai ɗaruruwa. An sami kantuna, masaukai, banki, coci-coci, ƙungiyar adabi, ƙungiyar wasan ƙwallon sanda, da jaridu biyu: Western Cyclone a 1886 da Nicodemus Enterprise a 1887. Fararen fata ma sun buɗe kasuwanci a garin.

A siyasa ma an san da su. Edward P. McCabe, wanda ya zo a 1878, ya yi magatakardan gundumar Graham, sannan a 1882 aka zaɓe shi babban mai binciken kuɗi na jihar Kansas, aka sake zaɓensa a 1884. Daga baya ya koma Oklahoma inda ya taimaka wajen kafa garin Langston.

11. Me ya durƙusar da shi?

Layin dogo. A wancan zamani garin da jirgi bai tsaya a cikinsa ba ba shi da kasuwar hatsi, domin ɗaukar alkama a keken doki tafiyar yini guda yana cinye ribar. A 1887 mutanen yankin suka kaɗa ƙuri'ar amincewa da lamunin dala 16,000 don jawo kamfanin Missouri Pacific, amma layinsa ya tsaya a Stockton. A 1888 kamfanin Union Pacific ya shimfiɗa nasa ta kudancin kogin, ya kafa tasha a wani sabon wuri, Bogue, ƙasa da kilomita 10 daga Nicodemus. 'Yan kasuwa suka kwashe kayansu suka koma can, wasu har da gine-ginensu.

Ana yawan tambaya ko wariyar launin fata ce ta sa aka kauce wa garin. Abin da yake tabbas shi ne kamfanonin jirgi a duk faɗin yankin sun fi son kafa sabon gari a filin da suke da hannu a ciki, su sayar da fulotai, kuma garuruwan fararen fata da yawa sun mutu ta wannan hanya. Bambancin shi ne abin da ya biyo baya: baƙar fata ba shi da sauƙin samun bashin banki ko sake sabon zama a wani gari kamar maƙwabcinsa.

Manoma dai sun zauna, har gonakin wasu suka ƙaru a farkon ƙarni na 20. Bugu na biyu ya zo a shekarun 1930: faɗuwar farashin hatsi, fari, da guguwar ƙura wadda mafi muninta ta auku ranar 14 ga Afrilu, 1935. Gonaki suka tafi a bashin banki da bashin haraji. A 1935 mutum 76 suka rage a garin, a 1950 kuma 16. An rufe gidan waya a 1953, makaranta ta biyo baya wajen 1960. Matasa sun nufi Denver, Topeka, Kansas City da California.

12. Eka 160 ba ta isa iyali ba ne?

A gabashin Amurka mai yawan ruwa ta isa. A nan ba ta isa ba. Tun 1878 masanin ƙasa John Wesley Powell ya gargaɗi gwamnati cewa a busassun filayen yamma gonar kiwo tana buƙatar eka 2,560, kuma Nicodemus yana dab da layin da ya ce daga nan ruwan sama ba abin dogaro ba ne. Dalilin a fili yake: in dole a hutar da kashi ɗaya cikin uku ko rabin gona kowace shekara don ta tara danshi (tambaya ta 14), a kuma ware makiyaya, abin da ake girba bai taka kara ya karya ba. Da injuna suka shigo, tsadarsu ta sa sai mai babban fili ne zai iya mayar da kuɗinsa. Yau matsakaiciyar gona a Kansas kusan eka 800 ce, kuma na yammacin jihar sun fi haka nesa. Gona ɗaya ta yanzu ta haɗiye rabon iyalai biyar ko goma na da, shi ya sa makarantu da kantunan ƙauyuka suka rasa mutane.

13. Waɗanne gine-gine ne suka rage?

An ayyana ƙauyen a matsayin muhimmin wurin tarihi a 1976. Ranar 12 ga Nuwamba, 1996 aka sa shi ƙarƙashin kulawar hukumar tarayya mai kula da gandun daji da wuraren tarihi. Gine-gine biyar ne ginshiƙin wurin. Masaukin St. Francis na 1881, wanda Fletcher ya gina, shi ne mafi tsufa. Cocin A.M.E., wato na ɗariƙar Methodist ta baƙaƙen fata, ginin dutse ne na 1885. Tsohon cocin Baptist an kammala shi a 1907, a wurin da jama'arsa suka fara ibada a gidan rami. Makarantar da ke tsaye ta 1918 ce, an gina ta bayan ta farko ta ƙone. Zauren taron yankin kuma an gina shi a 1939 da dutsen wurin, ƙarƙashin shirin gwamnati na samar da aikin yi a lokacin karayar tattalin arziki. Nan ne ake karɓar baƙi.

Dutsen nan mai laushi yana da lalurarsa. Yana shan ruwa, in sanyi ya daskarar da ruwan sai fuskar dutsen ta ɓare. Gyara da siminti mai tauri yana ƙara ɓarna, domin yana tsare danshi a cikin dutsen. Masu gyaran irin waɗannan gine-gine da kwaɓin farar ƙasa mai laushi suke aiki, kuma rufi da magudanar ruwa suke fara gyarawa kafin bango.

14. Me ake nomawa yanzu, kuma ta wace hanya?

Alkamar hunturu, dawa, masara a shekarar da ke da danshi, ciyawar dabbobi, da kiwon shanu. Yawanci noman ruwan sama ne. Ana shuka alkama daga tsakiyar Satumba zuwa Oktoba, kamar kilo 60 zuwa 70 na iri a hekta. Ta tsiro, ta yi 'ya'ya, ta kwanta barci da hunturu, ta farfaɗo a Maris, a girbe ta ƙarshen Yuni ko farkon Yuli. A shekara mai kyau hekta kan ba da tan 2.5 zuwa 3. Dawa kuwa, wadda asalinta daga Afirka ne, gajeruwa ce a nan don injin girbi ya iya cin ta. Ana shuka ta ƙarshen Mayu zuwa Yuni, a girbe a Oktoba, kuma yawancinta abincin dabbobi ne da man ethanol. Kansas ce kan gaba a noman dawa a Amurka.

Tsarin da ya fi yaɗuwa shi ne amfani biyu cikin shekara uku: alkama, sai dawa, sai hutu. Bayan girbin alkama ba a ƙona tushiya, ba a kuma huɗa gonar. A bar karan a tsaye ya tare dusar ƙanƙara, ya rage ƙarfin iska, ya yi wa ƙasa inuwa. Ciyawa da feshi ake kashe ta, domin duk ciyawar da aka bari danshin shuka mai zuwa take sha. Darasin da guguwar ƙura ta koyar ke nan: ƙasar da aka niƙa da garma aka bari tsirara iska ce ke kwashe ta.

Abubuwan da ke ɓata alkama sanannu ne. Shuka da wuri tana sa ta cinye danshi kafin hunturu, kuma tana gamuwa da ƙudan da ke cin karanta. Shuka a makare tana hana saiwa kamawa, sanyi ya kashe ta. Gyauro, wato alkamar da ta tsiro da kanta bayan girbi, shi ne maɓoyar wani ɗan mitsitsin ƙwaro mai yaɗa cutar da ke sa ganye rawaya-rawaya. Dole a kashe gyauro aƙalla mako biyu kafin shuka, kuma in maƙwabci bai kashe nasa ba iska za ta kawo ƙwaron. Sai sanyin ƙarshen Afrilu da kan kama ta tana fidda kai, da ƙanƙarar Yuni, waɗanda maganinsu inshora kawai.

15. Yaya gonaki ke fita daga hannun iyalan baƙaƙen fata, kuma me ake yi a kai?

A 1920 manoma baƙaƙen fata a Amurka sun haura 900,000, kusan kashi 14 cikin 100 na manoman ƙasar. Yau ba su kai kashi 2 ba. Hanya ɗaya ita ce bashi: manomin da aka jinkirta wa rancen shuka har lokaci ya wuce ya yi asarar shekara. Ƙorafin nuna bambanci a rancen ma'aikatar gona ta tarayya ya kai ga shari'ar Pigford, wadda aka sasanta a 1999.

Hanya ta biyu gado ce. Mai gona ya rasu bai bar wasiyya ba, gonar ta zama ta magada duka ba tare da an raba ba. Bayan zuriya uku masu haƙƙi sun kai hamsin, a warwatse a birane. Babu wanda zai iya jinginar da ita shi kaɗai, haraji kan tsaya a wuyan mutum ɗaya, kuma in magaji ɗaya ya sayar da kasonsa, mai sayen yana iya neman kotu ta yi gwanjon gonar baki ɗaya. Rigakafin shi ne rubuta wasiyya, sabunta takardar mallaka bayan kowace rasuwa, naɗa mai biyan haraji a rubuce, ko zuba gonar cikin amana ko kamfanin iyali mai sharaɗin cewa mai son sayarwa ya fara yi wa dangi tayi. Wanda ba zai iya nomawa ba gara ya ba da haya da ya sayar.

A 1999 aka kafa ƙungiyar manoma baƙaƙen fata ta Kansas a Nicodemus. Ta gwada sarrafa alkama zuwa fulawa maimakon sayar da ita tsaba, ta kuma gwada noman tef, ƙaramin hatsin nan na Habasha mai jure fari. Veryl Switzer, ɗan ƙauyen da ya buga wa ƙungiyar Green Bay Packers wasan ƙwallon ƙafa irin na Amurka a shekarun 1950, yana cikin waɗanda suka riƙe noma a wurin har tsufa.

16. Wa ke tafiyar da ƙauyen yau?

Ba shi da magajin gari. Al'amuran yankin suna hannun kwamitin mutum uku da ake zaɓa: amintacce, ma'aji da magatakarda. Tsaro da kotu na gundumar Graham ne, asibiti da makaranta kuma a Hill City suke. Hukumar tarayya tana kula da sashen tarihi ne kawai, yawancin filaye da gidaje na masu su ne. Ƙungiyar tarihin ƙauyen, wadda Angela Bates, jikar mazaunan farko, ta kafa a 1988, ita ta tattara hotuna da takardun iyalai kuma ta yi fafutukar da ta kai ga matsayin 1996. Cocin Baptist yana ci gaba da ibada a sabon gini kusa da tsohon.

17. Mene ne bikin dawowa gida?

Tun 1878 ake yin sa. Asalinsa bikin 'yanci ne na 1 ga Agusta, ranar da aka soke bauta a tsibiran Karibiyan da ke ƙarƙashin Birtaniya a 1834. Yanzu ana yin sa a ƙarshen makon ƙarshe na Yuli. Ɗaruruwan jikoki kan zo daga jihohi daban-daban: jerin gwano, kiɗa da rawa a zauren taro, abinci, ibadar Lahadi, da ziyarar maƙabartu. Amfaninsa ya wuce shagali. A nan ne yaran da aka haifa a birni ke sanin danginsu da iyakar gonar kakanninsu, kuma dama ce ta zaman iyali kan haraji da haya da gado (tambaya ta 15). Wasu da suka yi rayuwarsu a birni kan bar wasiyyar a dawo da su nan a binne.

18. Ina zargin kakannina daga can suke. Ta ina zan fara bincike?

Fara da sunan iyali a rumbun intanet na hukumar kula da filayen gwamnatin tarayya, inda ake ganin takardun mallaka da lambar fili. Da wannan lamba za a nemi cikakken fayil daga ma'adanar takardun tarihi ta ƙasa. A cikinsa akwai bayanin gida, yawan ekar da aka nome da sunayen shaidu biyu, waɗanda sau da yawa dangi ne ko surukai. Ofishin rajistar filaye na Hill City zai nuna wa aka sayar wa, da yaushe.

Ƙidayar tarayya ta 1880 da ta 1900 suna da amfani, amma ta 1890 gobara ta lalata mafi yawanta a 1921. Cike giɓin da ƙidayar jihar Kansas ta 1885 da ta 1895. In an koma Kentucky, ƙidayar 1870 ce ta farko da ta rubuta 'yantattun bayi da sunayensu. Ta 1850 da ta 1860 shekaru da jinsi da launi kawai suka rubuta ƙarƙashin sunan ubangida, saboda haka sai an bi ta wasiyyoyi da takardun rabon gadon iyayen gijin. A gwada rubutun suna ta hanyoyi da dama, domin masu ƙidaya yadda suka ji suke rubutawa. Tarin takardun ƙungiyar tarihin ƙauyen yana ɗakin karatu na Spencer a Jami'ar Kansas.

19. Mai son ziyara fa, me zai shirya?

Mota dole ce, babu motar haya da ke zuwa. Daga garin Hays tafiyar kusan awa ɗaya ce. Shiga kyauta ne, amma a duba ranakun da zauren baƙi ke buɗewa kafin a taso, domin suna canzawa. A sha mai a sayi abinci a Hill City ko Stockton, masauki ma a can yake, kuma na makon biki da wuri yake cika. Mayu, Satumba da Oktoba sun fi daɗin yanayi. Hanyoyin gona ba su da kwalta, in an yi ruwa laka ke riƙe mota. Wasu daga gine-ginen biyar daga waje kawai ake kallonsu, gidajen da ke kewaye kuma da mutane a ciki, don haka a nemi izini kafin a shiga fili ko a ɗauki hoton wani.